Musayar waƙa a kan tubar Nicky Cruz

Malam Bitrus: Maganarmu a yau a kan Nicky Cruz ce, wanda aka haifa a Puerto Rico a 1938, ya shugabanci 'yan dabar Mau Mau a unguwar Brooklyn ta birnin New York, ya kuma karɓi Almasihu a 1958 ta wa'azin Fasto David Wilkerson. Amsa-amonmu "ba" ne.

Yaro ya bar gida ya riƙe wuƙa,
A baƙon gari ya zama sarkin daba.
Wilkerson ya zo masa da bishara,
Ya sha mari, bai ko rama ba.

Ladi 'Yar Wusasa:

Malam, ka tsallake tsokar zancen:
Da aka ce za a kashe shi bai ja da baya ba.
Ya ce ko an yanka shi gunduwa dubu,
Babu wadda za ta ce ba ta ƙaunarsa ba.

Ɗanjuma:

Yaya Ladi, kin yi saurin guɗa,
Kura ba ta zama tunkiya don kawai ta saurari huɗuba.
Jinin da Cruz ya zubar a titi fa?
Hawayensa bai biya diyya ba.

Ladi 'Yar Wusasa:

A taron wa'azi an ba 'yan dabar baiko su tara,
Ga hanyar gudu, ba su gudu da shi ba.
Ƙanena, kai da ka ari littafin waƙoƙina,
Shekara uku ban ga ko bangonsa ba.

Rifkatu: Allah ya ƙara basira, Yaya! Wannan baitin ya rufe bakin masu shakka.

Malam Bitrus: Ɗanjuma, ɗangonka na biyu ya yi tsawon da ya karya kari, domin sai mutum ya ja numfashi sau biyu kafin ya kai ƙarshensa.

Ɗanjuma: Malam, da girmanka, ɗangon Yaya Ladi na biyu ma ɗingishi yake yi, amma ba ku ce uffan ba saboda ra'ayinku ɗaya.

Malam Bitrus: Nata ɗingishi ne, naka kuwa faɗuwa ce.

Ɗanjuma, bayan kwana biyu:

Na ji Cruz ya yi makarantar Littafi Mai Tsarki a Kalifoniya,
Ya koma wa'azi ga 'yan daba.
Littafinki yana nan, Yaya, zan kawo,
Amma zancen jinin nan ba ki amsa ba.