Wai me ya sa aka kori Seijun Suzuki daga Nikkatsu?

Ɗan Fim: Salamu alaikum 'yan uwa. Daren jiya na kalli Branded to Kill na 1967, wallahi har yanzu kaina bai dawo daidai ba. Jarumin ɗan kisan haya ne, na uku a jerin gwanaye, amma ba abin da ke ɗauke masa hankali kamar ƙamshin shinkafa tana dahuwa. Sau biyu ina mayar da fim ɗin baya, ina zaton wani yanki ne ya tsallake. Sai na ji wai a kansa aka kori daraktan, Seijun Suzuki. Da gaske ne?

Malam Tsoho: Wa alaikumus salam. Gaskiya ne, amma tsohuwar ƙullalliya ce ta fashe. Suzuki ɗan ƙwadago ne a Nikkatsu, wani kamfanin shirya finafinai na Japan: daga 1956 zuwa 1967 ya yi musu fim kusan 40, yawanci irin na cike gurbi da ake haɗawa da babban fim a tikiti ɗaya. A miƙa masa labarin 'yan yakuza, wato ƙungiyoyin 'yan daban Japan, kuɗi kaɗan, kwanaki kaɗan, a ce ya harhaɗa. Shi kuma ya gaji da maimaita abu ɗaya, sai shi da mai tsara masa dandali Takeo Kimura suka shiga wasa da launi da haske. Kalli Tokyo Drifter na 1966 ka ga yadda bango ke sauya kala ana tsakiyar harbi. Kamfani ya ja masa kunne, ya mayar da shi yin fim baƙi da fari, sai ya haifo musu wannan da ka kalla. A 1968 shugaban kamfanin, Kyusaku Hori, ya sallame shi, wai finafinansa ba a gane su kuma ba sa kawo kuɗi.

Hajara: Malam, ka tsallake shari'ar. Ya kai su kotu, ɗalibai da 'yan fim suka mara masa baya, aka sasanta a 1971. Sai dai manyan kamfanoni sun juya masa baya, kusan shekara 10 yana tallace-tallace da aikin talabijin. Ni dai ban ga laifin Hori gaba ɗaya ba. Talabijin na kwashe masu kallo, kamfani na nitsewa.

Malam Tsoho: Haka ne, Hajara, amma korarsa ba ta tsamo su ba. Kuma fim ɗinsa Zigeunerweisen na 1980, da aka rasa sinimar da za ta haska shi, a cikin wani tanti da ake hura wa iska aka nuna shi a Tokyo, ya zo ya ci kyautar gwarzon fim ta Japan. Ya rasu a 2017 yana da shekara 93.

Ɗan Fim: Na gode ƙwarai. To kumatun jarumin fa? Kwalliya ce?

Hajara: Jo Shishido ke nan. Tiyata ya yi aka ƙara masa su.