Kiwo, reno ko riƙo: me za mu kira abin da aka yi wa Gua?

Jama'a, kalma nake nema. Turawa na cewa cross-fostering idan wata halitta ta tashi a hannun wani jinsi daban, kamar yadda wasu masu bincike a Amurka suka kai jariran cimfanzi (wani irin babban biri na Afirka) gida suka mayar da su tamkar 'ya'yan cikinsu.

A 1931 Winthrop Kellogg da matarsa Luella suka haɗa wata 'yar cimfanzi, Gua, da ɗansu Donald. Ci tare, wasa tare, har da riga da takalmi. Bayan wata 9 suka dakata, lokacin yaron ya fara kwaikwayon kukanta.

Da na tambaya, wani ya ce kiwo. A'a. Kiwo shi ne na masu wasa da biri, waɗanda kan ratsa kasuwa da shi, igiya a ƙugu, 'yar riga a jiki, yana tsalle ana jefa masa kuɗi. Rigar tana nan, amma ba mai cewa ɗansa ne. Reno kuma ya yi faɗi, 'yar aiki ma tana yi.

Riƙo ya fi kusa. Gwaggo ta karɓi yarinya bayan yaye, ta ci da ita, ta tarbiyyantar da ita, ta aurar. Sai dai wata Hajiya cikin masu ba ni amsa ta yi gyara mai kyau: 'yar riƙo ta san gidan ubanta, da salla ana kai ta gaisuwa. Lucy, wata cimfanzi da iyalan Temerlin suka riƙe a Oklahoma ta Amurka, ba ta samu wannan ba. Tana haɗa wa baƙi shayi, tana buɗa mujallu, amma da aka kai ta Gambiya a 1977 sai da Janis Carter, matar da ta raka ta can, ta sha wahala kafin ta koya mata cin abincin daji.

Don haka na tsaya a kan "riƙon bare". Sai a ce Kellogg sun yi wa Gua riƙon bare, Lucy kuma 'yar riƙon bare ce.

Af, masu cewa in daina rubuta cimfanzi in ce gwaggon biri, ku leƙa Gidan Zoo na Audu Bako da ke Kano ranar salla, ku ji yadda yara ke kiran duk wani babban biri da sunan. Ba ya bambancewa.

Na kuma gwada kalmar a gida, ta zauna daram: kazar da aka sa wa ƙwan zabo ta ƙyanƙyashe, tana yawo da 'yan zabi a bayanta, riƙon bare take yi.