Leƙen asirin ƙasar Sin: yaushe ya faro, kuma ya shafe mu a nan?

Ɗan Rigasa ya rubuta:

Assalamu alaikum. Makon jiya muna dawowa daga Idu a jirgin ƙasa, wani dattijo da muka zauna kujera ɗaya ya ba ni labarin hedkwatar Tarayyar Afirka da ke Addis Ababa, wadda ƙasar Sin ta gina kyauta, ya ce daga baya an gano ana kwashe abin da ke cikin kwamfutocin ginin ana aikawa Shanghai. Har muka sauka a tashar Rigasa maganar ba ta bar raina ba, domin layin dogon da muka biyo kamfanin Sin ne ya shimfiɗa shi, wayar da ke aljihuna Tecno ce, kuma Sinawan ne suka ɗauki nauyin gina wa ECOWAS sabuwar hedkwata a Abuja. Shin labarin yana da tushe, ko farfagandar Turawa ce? Tun yaushe ne kuma Sinawa suka shiga wannan sana'a?

Malamin Tarihi, Unguwar Sarki, ya amsa:

Wa alaikumus salam, ɗana. Maganar kwamfuta zan bar wa masu ita, ni dai bari in ɗauko daga tushe.

Sinawa sun rubuta ka'idar leƙen asiri fiye da shekara 2,000 da suka wuce. Masanin yaƙinsu Sun Tzu ya keɓe babin ƙarshe na littafinsa ga 'yan leƙen asiri, ya kasa su gida biyar, ciki har da wanda ake turawa da labarin ƙarya alhali an san kashe shi za a yi, da kuma ɗan leƙen asirin abokan gaba da aka kama aka juyo da shi, wanda ya ce ya cancanci a fi kyautata masa. A zamanin daular Ming, sarki ya kafa wata hukumar sirri a 1420 ya danƙa ta hannun babanni, aikinta shi ne sa ido a kan fadawa da manyan ma'aikata. Duk wanda ya san yadda fadojinmu na da suke amincewa da babanni fiye da 'ya'yan sarki zai gane hikimar.

Amma asalin hukumomin da muke gani yau bai wuce 1927 ba. A watan Afrilun shekarar Chiang Kai-shek, jagoran 'yan kishin ƙasa, ya juya wa 'yan gurguzu baya, aka yi musu kisan kiyashi a Shanghai, sai Zhou Enlai, ɗaya daga cikin jagororin 'yan gurguzu, ya kafa sashe na musamman domin kare sauran shugabannin jam'iyyarsu. Dabararsu ita ce cusa nasu a cikin gidan abokin gaba, kuma ta yi musu rana a watan Afrilun 1931, lokacin da aka kama babban jami'in tsaronsu Gu Shunzhang a Wuhan, ya kuma amince zai tona maɓoyar kowa. An bugo wayar tangaraho zuwa Nanjing, fadar gwamnatin Chiang, domin a sanar da shugaban hukumar binciken gwamnati, sai ya kasance ba ya gari, saƙon ya faɗa hannun sakatarensa Qian Zhuangfei, wanda ɗan gurguzu ne a ɓoye. Ya warware saƙon, ya tura surukinsa Shanghai a jirgin ƙasa, kafin jami'ai su dira Zhou Enlai da mutanensa sun sauya maɓoya. Da ɗan gari akan ci gari. A 1947 ma sakataren Janar Hu Zongnan, kwamandan sojojin Chiang, ne ya miƙa wa 'yan gurguzu tsarin harin da za a kai hedkwatarsu ta Yan'an.

Abin da nake so ka lura da shi, hukumar an haife ta ne domin ta tsare jam'iyya kafin ta tsare ƙasa, kuma a ganina har yau ba ta sauya hali ba. Ma'aikatar Tsaron Ƙasa ta yanzu an kafa ta a 1983. Shekara biyu bayan haka wani jami'inta ya gudu Amurka, ya tona asirin Larry Wu-tai Chin, tafinta da ya yi wa CIA, hukumar leƙen asirin Amurka, aiki yana aika wa Beijing bayanai sama da shekara 30. An same shi da laifi a Fabrairun 1986, ya kashe kansa a kurkuku kafin a yanke masa hukunci.

Injiniya, Barnawa, ta amsa:

Baba Malam ya share mini hanya. Ɗan'uwa, labarin da ka ji jaridar Le Monde ta Faransa ce ta buga shi a Janairun 2018. Ginin ya ci dala miliyan 200, an buɗe shi a Janairun 2012. Jaridar ta ce a farkon 2017 ma'aikatan kwamfuta na ƙungiyar suka lura na'urorin ajiyar bayanai suna aiki tuƙuru tsakanin ƙarfe 12 na dare da 2 na dare, lokacin da babu kowa a ofis, da suka bi sawu suka tarar Shanghai bayanan ke tafiya. Gwamnatin Sin ta ƙaryata, shugaban hukumar Tarayyar na lokacin Moussa Faki Mahamat shi ma ya yi watsi da zargin a ziyarar da ya kai Beijing. Ni dai abin da ya ja hankalina shi ne yadda aka ce an gano abin, domin a aikinmu haka ake kama ɓarawo, ta hanyar duba abin da ke fita daga gida a lokacin da bai kamata komai ya fita ba.

Inda babu gardama sosai shi ne shari'o'in da aka yi a gaban kotu. A 2018 an yaudari Xu Yanjun, jami'in Ma'aikatar Tsaron Ƙasa, ya zo Beljiyam karɓar bayanan injin jirgin sama na kamfanin GE na Amurka, aka kama shi aka miƙa wa Amurka, aka ɗaure shi shekara 20 a 2022. Kevin Mallory, tsohon jami'in CIA da bashi ya yi wa katutu, ta dandalin LinkedIn aka fara tuntuɓarsa, shi ma ya sha ɗaurin shekara 20 a 2019. Ta fuskar kutse kuwa, a 2015 aka gano an sace bayanan mutum miliyan 21.5 daga ofishin kula da ma'aikatan gwamnatin Amurka, har da hoton yatsun mutum miliyan 5.6, kuma jami'an Amurka Sin suka ɗora wa alhaki. Wanda ya mallaki irin wannan kundi ya san wane ne ke cikin bashi, wane ne ke da abin kunyar da yake ɓoyewa, wato ya san wanda zai tara da tayi.

Sannan akwai dokar leƙen asiri ta 2017, wadda sashe na 7 nata ya wajabta wa kowane ɗan ƙasa da kowace ƙungiya su taimaka wa aikin tattara bayanan sirri. Wannan sashe ne ya sa ƙasashe da dama ke ɗari-ɗari da Huawei, kamfanin kayan sadarwa na Sin, duk da kamfanin ya sha cewa ba zai miƙa bayanan kowa ba.

Ɗan Kasuwa, Kasuwar Gumi, ya amsa:

Hajiya Injiniya, da girmamawa, duk misalanki daga bakin Amurka da Faransa suka fito, kuma gwano ba ya jin warin jikinsa. Takardun sirrin Amurka da Edward Snowden ya fitar sun nuna NSA, hukumar Amurka mai sauraron sadarwa a asirce, ta kutsa cikin kwamfutocin Huawei ɗin kansa, kuma an saurari wayar Angela Merkel, shugabar gwamnatin Jamus a lokacin, wadda ƙawarsu ce. A 2020 aka tona cewa kamfanin Crypto AG na Suwizalan, wanda ya sayar wa ƙasashe fiye da 120 na'urorin ɓoye saƙo, CIA da takwararta ta Jamus ne suka saye shi a asirce a 1970. Shekara goma sha ɗaya ina zuwa Guangzhou saro kaya, mutanen da nake hulɗa da su ba abin da ya dame su sai ciniki. Ku tuna da Wen Ho Lee, masanin kimiyyar da Amurka ta yi zargin yana yi wa Sin leƙen asiri, aka tsare shi kaɗai a ɗaki wata tara, daga ƙarshe tuhuma ɗaya cikin 59 ta tsaya, har alƙali ya ba shi haƙuri a shekarar 2000. Ina tsoron kada mu koyi zargin kowane Basine da muka gani a wurin aikin titi.

Malamin Tarihi ya sake amsawa:

Alhaji, gargaɗinka yana kan hanya, kuma babu wanda ya ce Turawa waliyyai ne. Sai dai laifin wani ba ya wanke na wani. Bambancin da nake gani shi ne faɗin abin da Beijing ke nema. A 2011 an tarar da wani Mo Hailong durƙushe a gonar gwaji a jihar Iowa ta Amurka yana tonon irin masara, ya amsa laifi, aka ɗaure shi shekara uku a 2016. Shi wani kamfanin iri na Sin yake wa aiki, amma duk manomin Saminaka ya san darajar irin da aka shafe shekaru ana tacewa. Na biyu kuma shi ne bin 'yan ƙasarsu har ƙetare. A Yulin 2017 an kama ɗalibai Musulmi 'yan ƙabilar Uigur ta Sin da dama a Masar, wasunsu 'yan Azhar, aka mayar da wasu Sin. A 2022 ƙungiyar kare haƙƙin ɗan Adam ta Safeguard Defenders ta lissafa ofisoshin 'yan sandan Sin a ƙasashen waje, ta ambaci ɗaya a birnin Benin na jihar Edo, ko da yake Sin ta ce wuraren sabunta takardu ne kawai.

Ɗan Rigasa ya sake tambaya:

Na gode ƙwarai, iyayena. To Hajiya, wayata fa?

Injiniya ta amsa:

Hirarka da abokai ba ita ce ke hana Beijing barci ba. Abin da ƙasa mai ba da bashi ke son sani shi ne abin da jami'an ƙasar da ta ci bashin ke faɗa a bayan ƙofa, shi ya sa rahoton da Reuters ya fitar a Mayun 2023 ya ce masu kutse daga Sin sun daɗe suna bibiyar ma'aikatun Kenya domin neman bayani a kan bashin ƙasar, zargin da Sin ta musanta. Layin da ka hau shi ma da rancen dala miliyan 500 na bankin Exim na Sin aka gina shi.

Damuwata ta fi karkata ga namu sakacin. Bara an kira ni wani ofis a nan cikin gari domin kyamarorin tsaro sun daina nuna hoto. Na tarar da na'urar da ke naɗar hoton a ƙarƙashin teburin masinja, kusa da buta, an haɗa ta da intanet, lambar sirrinta kuma ita ce wadda ta zo da ita daga masana'anta, an ma rubuta ta da biro a takarda an manna a jikinta. Ɗaya daga cikin kyamarorin tana kallon teburin da ake sa hannu a takardun kwangila. Na sauya lambar, na rubuta musu shawara shafi biyu. Da na koma bayan wata huɗu karɓar ragowar kuɗina, sai na ga sabuwar lambar manne a inda tsohuwar take.