Neman shawara: na biya kuɗin kai Hajiya Hakone, yanzu hankalina ya rabu biyu

Abban Hanif: Assalamu alaikum jama'a. Don Allah waɗanda suka san Hakone, yankin duwatsun nan na yawon buɗe ido a Jafan, ku taimaka min, abin ya tsaya min a rai. Hajiyarmu ta zo daga Zariya saboda haihuwar da uwargida ta yi, ta ce ba za a yi jegon jikanta a ƙasar mutane babu babba a gida ba. Tun da ta sauka a Narita ba ta ga komai a Jafan ba sai ɗakinmu a Saitama, sai kantin bakin layi, sai masallacin Tokyo na Yoyogi-Uehara da muka je Juma'a. Ni kullum ina makaranta, malamin da ke duba bincikena ba ya karɓar uzuri. Yayana da ke Abuja shi ya kai ta Umra bara, suka biya ta Dubai, har yau ana tura hotunan a zauren gidanmu. Da ya kira shekaranjiya sai ya ce, "To ku me kuka nuna mata?" Ba gasa nake yi da shi ba, Allah ya sani. Amma matar nan gonarta ta gado ta sayar lokacin da zan shiga jami'a, bayan rasuwar Baba, kuma ba ta taɓa goranta min ba. Ina so ta koma gida da labarin da za ta ba ƙawayenta.

Shi ne na biya wani kamfanin yawon buɗe ido na kwana ɗaya, mu biyu, ranar Asabar ta ƙarshen Yuni. Bas zai ɗauke mu a Shinjuku da safe, a tsaya fadar Odawara, a ci abincin rana, a hau motar igiya, mai tafiya a rataye a sama, zuwa Owakudani inda dutse ke hayaƙi, a shiga jirgin ruwa a tafkin Ashi, a ƙare da tsohon shingen bincike na zamanin sarakuna. Akwai jagora mai jin Turanci, ni kuma in fassara mata. Lokacin mayar da kuɗi ya wuce. Tambayata: abincin nan zai ciwu? Ina za mu yi salla? Kuma tafiyar ƙafa ba ta yi yawa ba? Don Hajiya ba ta cika jin ƙarfi ba.

Injiniya Bala (Yokohama): Wa alaikumus salam. Ɗan'uwa, da ka tambaya kafin ka biya. Hakone ba wurin da ake bin kamfani ba ne. Tikitin Hakone Freepass za ka saya a Shinjuku, ka hau jirgin Odakyu, kusan awa ɗaya da rabi kana Hakone-Yumoto. Daga nan ƙaramin jirgi mai hawan dutse zuwa Gora, wani ya ja ku zuwa Sounzan, motar igiya ta ratsa da ku kan Owakudani ta sauke ku Togendai, jirgin ruwa ya kai ku Hakone-machi, shingen yana nan kusa. Duk da tikiti ɗaya. Masu bas minti kaɗan za su ba ku a kowane wuri, jagora na ɗaga tuta kuna binta da gudu. Tarihin ma ga shi kyauta: an kafa shingen a 1619, zamanin gidan Tokugawa, a kan hanyar Tokaido da ta haɗa Edo, wato Tokyo ta yau, da Kyoto. Abin da suka fi tsaro shi ne matan da ke fita daga Edo, domin matan sarakunan larduna a Edo ake tsare su a matsayin jingina, kada mazansu su yi tawaye. Har gashin kan mace ake warwarewa a duba. An daina aiki da shi a 1869, wanda za ku gani an sake gina shi ne, aka kammala a 2007. Ita ma hasumiyar fadar Odawara ta siminti ce, ginin 1960. Abin da ya sa take da suna shi ne a nan Toyotomi Hideyoshi ya yi wa gidan Hojo ƙawanya a 1590 har suka miƙa wuya. Ka yafe kuɗin kawai.

Abban Hanif: Na gode Injiniya, amma canjin jirgi biyar da tsohuwa ba wasa ba ne. Saboda haka ma na zaɓi bas, ta zauna a kai ta.

Maman Ilham: Barka da arziki, Allah ya raya. Ni maganar abinci ce ta kawo ni. Kada ka yarda da "babu naman alade" kawai, ba nan matsalar take ba. Romon taliyar soba da mirin ake haɗa shi, giyar shinkafa ce mai zaƙi ta girki, wani lokaci har da giyarsu ta sha da ake kira sake. Kamaboko ɗin da Odawara ke alfahari da shi kifi ne niƙaƙƙe, amma sau da yawa shi ma akwai mirin a ciki. Mu wani kamfani ya yi mana haka, na rubuta musu tun da wuri, suka amsa da ladabi cewa sun gane. Da muka zauna sai ga tire iri ɗaya da na kowa, an cire yankan nama kawai. Na wuni da yara biyu a kan biskit, maigidan kuwa ya ce tunda kifi ne shi bai ga laifi ba, ya ci abinsa. Har muka dawo gida ba mu yi magana ba. Kuma in ka ce za ka yi ƙorafi sai a yi ta sunkuya maka ana ba ka haƙuri, kuɗinka dai ya tafi. Ka sa a dafa muku dafa-duka a kula, ka sayi dunƙulen shinkafa mai gishiri zalla a kanti, shi kenan.

Injiniya Bala: Maman Ilham, a Hakone ba a rasa abin ci. Ƙwan Owakudani fa? A cikin ruwan zafin dutsen ake dafa shi, farar wuta da ƙarfen da ke ruwan su mayar da ɓawon baƙi ƙirin, cikinsa fari kamar kowane ƙwai, ka barbaɗa gishiri. Akwai kuma Amazake Chaya a tsohuwar hanya, shagon shayi mai shekara wajen ɗari huɗu, amazake ɗinsu abin sha ne na shinkafa babu giya. Bas ɗin kamfani ba zai tsaya can ba. Shi ya sa nake cewa Freepass.

Malam Sani (Nagoya): Allah ya saka maka da alheri a kan kula da mahaifiya. Ƙwan halal ne, amma za ka ji jagora na cewa duk wanda ya ci ɗaya an ƙara masa shekara bakwai. Wannan kada ka fassara wa Hajiya shi a matsayin gaskiya, ajali na hannun Allah. Sannan a bakin tafkin akwai wurin bautarsu, mai jar ƙofa a cikin ruwa. Gani daga jirgi ba komai, amma in an ce a wanke hannu a sunkuya a tafa, ku tsaya gefe. Salla kuwa, ku matafiya ne, ku haɗa Azahar da La'asar, ku riƙe darduma da gorar ruwa.

Usman K.: Malam, a gafarce ni, wanda zai kwana a gidansa ran nan matafiyi ne? Mu a gida ba haka aka koya mana ba.

Malam Sani: Nisa ake dubawa, ba kwana ba. Daga Saitama zuwa Hakone ya kai.

Anti Rabi (ma'aikaciyar jinya, Chiba): Ku dakata tukuna. Abban Hanif, ka ce Hajiya ba ta cika jin ƙarfi ba. Mene ne ainihin abin da ke damunta? Ƙafa ce, hawan jini ne, ko ƙirji?

Abban Hanif: Asma ce, Anti, amma ta daɗe ba ta tashi ba. Tana da abin shaƙarta a jaka kullum.

Anti Rabi: To wannan ita ce maganar, ba abinci ba. Ƙanina, kada ka kai ta Owakudani. Hayaƙin nan da kake gani a hoto ba tururi ne kaɗai ba, akwai iskar farar wuta a ciki, kuma tana daga cikin abubuwan da suka fi saurin shaƙe mai asma, ko da kaɗan ce. Tun kana cikin motar igiya warin zai bugi hancinka, irin na baragurbi. Su kansu masu motar sun rubuta a tashoshinsu cewa mai asma, da mai ciwon huhu ko zuciya, kada ya hau. Dutsen da ransa: a 2015 ya yi ƙaramin aman wuta aka rufe wurin, aka sake rufe shi a 2019 na wasu watanni. Wurin ya haura mita 1,000 a sama. In numfashinta ya sarƙe kuna rataye tsakanin tasha da tasha, wa zai sauko da ku? Wane inshora ta shigo da shi ma?

Abban Hanif: Anti, na ji, amma Hajiya a hayaƙin itace ta yi rayuwarta, ga ƙurar hunturun Zariya, ba abin da ya same ta. Kuma dutsen shi ne abin da na fi so ta gani. Fada da tafki akwai irinsu a ko'ina, ƙasa mai tafasa ce ba ta taɓa gani ba. Na riga na nuna mata bidiyon, ta yi ta salati, har ta gaya wa ƙanwarta a waya.

Injiniya Bala: Anti Rabi, kada a tsorata yaro. Jafanawa komai sai sun rubuta masa gargaɗi. Ni na kai surukina, dattijo ne sosai, ya ci ƙwansa ya sauko lafiya. Suna auna iskar kullum, in ta yi yawa da kansu suke tsayar da motar.

Anti Rabi: Surukinka yana da asma, Injiniya?

Injiniya Bala: Ba shi da ita, amma tsufa ai ya fi asma.

Anti Rabi: Bai fi ba. Ma'aunin da lafiyayye zai wuce bai ji komai ba shi ne zai kwantar da mai asma. Abban Hanif, ka tambayi kamfanin ko bas zai zagaya ya jira a Togendai, ta zauna a ciki ku haɗu a bakin tafki. In kuma bas ɗin a Owakudani zai yi fakin, zaman cikinsa ma ba mafita ba ne.

Usman K.: Ku kuna ma da sa'a iyayenku sun samu zuwa. Ni takardun da aka nema don bizar mahaifina, na banki, na haraji, na shaidar dangantaka, na haɗa su kaf, ƙarshe aka hana, ko dalili ba a faɗa ba. Yana ta tambayata ko wani laifi na yi a nan. Har yanzu na rasa amsar da zan ba shi. Ni dai in da hali a kai ta Kamakura, ga teku, ga tarihi, babu hayaƙi.

Malam Sani: Kamakura abin da ake zuwa gani ƙaton gunki ne. Ba zan ba da shawarar a kai dattijuwa can ba.

Maman Ilham: Wani abu kuma, ƙarshen Yuni ai tsakiyar damina ce a nan. Dutsen Fuji da suke sakawa a tallarsu ba lallai ku gan shi ba, da sanyi yake fitowa tas. Mu hazo kawai muka gani. Furannin ajisai dai suna kyau a gefen layin dogo a lokacin.

Injiniya Bala: Wanda mai bas ba zai gani ba, don sai a jirgi ake ganinsu. Kun ga abin da nake faɗa.

Abban Hanif: Bizarta za ta ƙare a Yuli, ba ni da wata Asabar. Na rubuta wa kamfanin, sun ce mai larura ya tuntuɓi likitansa, ba su amsa maganar inda bas ke jira ba. Asibitin unguwarmu kuma sai an yi alƙawari. Ina ganin zan saya mata takunkumi mai kauri, ta shaƙi maganinta kafin mu hau, mu yi hoto mu wuce, ba za mu daɗe ba.

Anti Rabi: Takunkumi ƙura yake tarewa, ba ya tare wannan iskar. Ita Hajiyar ka gaya mata abin da aka rubuta a tashar? Ka bari ta zaɓa da kanta.

Abban Hanif: In na gaya mata cewa za ta yi a fasa duka, kada in yi asara saboda ita, kuma ranta ba zai so ba. Na san halinta. Zan duba yanayin ranar tukuna. Maman Ilham, suna barin mutum ya ci nasa abincin a cikin bas?

Maman Ilham: Namu sun hana. Ka tambayi naku.

Injiniya Bala: A Romancecar kuwa, jirgin Odakyu mai zuwa Hakone, ko tuwo ka buɗe ba mai ce maka uffan. Turo min lambarka ta gefe in nuna maka inda ake sayen tikitin.