Rigimar ruwan kanal: dole ne in faɗa wa kotu abin da zai iya kayar da ni?

Ɗan Kadawa:
Assalamu alaikum. Ina noman rani a yankin Kadawa, inda ruwan dam ɗin Tiga ke biyo kanal. Gonata eka biyu ce ta alkama a bakin get, ta maƙwabcina tana can ƙarshen layi. Makon jiya ya ɓalle kwaɗon get da daddare, ya dasa injin ban ruwa ya zuƙe rabona, komayena na gabas suka bushe har ƙasa ta tsage, ga alkama ta fara fitar da kai. Ina so kotu ta tsayar da shi da gaggawa.

Ga inda gizo ke saƙa. Marigayi babanmu ya taɓa yarda a gaban mai unguwa cewa daren Talata da na Juma'a ruwan na maƙwabcin ne, akwai takarda. Kuma kafin ya ɓalle kwaɗon, ƙanena ya toshe magudanar da buhunan ƙasa a wani daren Juma'a. Yaron ofishin lauyan da na je ya ce kada in tayar da zancen, wai wanda ya kawo ƙara ba ya tona wa kansa asiri. Haka doka take?

Lauyar Zariya:
Wa alaikumus salam. Malam, ka nemi lauyan da kansa, ka bar yaron ofis. Idan an kira ku gaba ɗaya, kowa shi zai kawo hujjarsa, ba a ɗora maka kare abokin shari'arka ba. Amma abin da kake nema daban ne: oda ta wucin gadi wadda alƙali zai bayar ɗayan ba ya nan. Tunda babu mai musa maka, doka ta ɗora maka ka faɗi duk abin da zai iya sauya ra'ayin alƙali, har wanda bai yi maka daɗi ba. Takardar mai unguwa da buhunan ƙanenka duka suna ciki. Tun shari'ar Kotoye da Babban Bankin Najeriya a 1989 Kotun Ƙoli ta ja kunne cewa irin wannan oda sai inda gaggawa ta tabbata. Ranar da maƙwabcinka ya zo da takardar, za a iya janye odar saboda ɓoyewar kaɗai, kafin ma a duba wa ke da gaskiya. Sannan yawanci sai ka ɗauki alkawarin biyan diyya, to idan amfaninsa ya ƙone a kwanakin odar, kuma aka gano bai kamata a bayar da ita ba, aljihunka ne. Takardar rantsuwa kuma kai za ka sa hannu. Ƙarya a cikinta laifi ne a kundin dokokin hukunta laifuka, wato Penal Code.

Mai Tumatir:
Hajiya lauya, da girmamawa, wannan karatun littafi ne. Shi da ya ɓalle kwaɗo zai je ya ce wa alƙali "ni na ɓalle"? Kafin a gama gaskiya-gaskiya alkamar bawan Allah ta zama harawa.

Almajirin Malam:
Rigimar nan ta girme mu duka. A Bukhari, Zubairu ɗan Awwam ya yi jayayya da wani Ba'ansare kan ruwan Harra a Madina. Annabi (SAW) ya fara da sassauci, ya ce Zubairu ya shayar sannan ya saki ruwa ga maƙwabcinsa. Da mutumin ya yi maganar da ba ta dace ba, sai ya ba Zubairu cikakken haƙƙinsa, ya riƙe ruwa har ya kai ga kunya. A Muwaɗɗa ma an kawo hukuncin kwararon Mahzur da Muzainib na Madina: na sama ya riƙe zuwa idon sawu, sannan ya sakar wa na ƙasa. Wato kai na bakin get kana da fifiko, amma fifiko mai iyaka, balle ga alkawarin mahaifi a rubuce. Sai ka tuna hadisin Ummu Salama: wanda ya fi iya baki aka yanke masa haƙƙin ɗan'uwansa, yankin wuta aka yanka masa. Hukuncin alƙali ba ya halatta maka ruwan daren Juma'a.

Baba Na Bunkure:
Ɗana, ka je wa shugaban ƙungiyar masu amfani da ruwa na layinku kuwa? Aikinsu ke nan, rabon kwana da yashe kanal. Kuma ba ka lura da wani abu ba: idan alƙali ya fito ganin gona, manoman layin duk za su taru, kuma babu wanda bai ga buhunan nan ba. Mai unguwa ma yana raye. Ni a ganina faɗin gaskiyar ma ta fi ƙarfafa ƙararka. Dare biyu aka ba maƙwabcinka, ba mako ba, kuma ba a ba shi izinin inji ko ɓalle kwaɗo ba.

Ɗan Kadawa:
Na gode, Baba. Gobe bayan Azahar zan ga shugaban ƙungiya, takardar tana hannun yayarmu, zan karɓo. Hajiya lauya, idan sulhu ya ƙi, zan iya neman kuɗin komayen da suka bushe, ko buhunan ƙanena sun kashe wannan?

Lauyar Zariya:
Ba su kashe ba, amma shi ma zai iya neman nasa na daren da aka toshe. Ka ɗauki hoton komayen yau, ka sa manoma biyu na layin su gani da idonsu.