Soyayyiyar taliya da naman sa: yaya kuke yin taku?

Amaryar Bana: Assalamu alaikum iyayena da yayyena. Don Allah a taimaka min. Maigidan ya ci soyayyiyar taliya irin ta 'yan Sin, mai naman sa da kayan lambu, da ya je Abuja, tun da ya dawo ba shi da zance sai nata. Yau da daddare nake son yi masa. Indomie zan sa ko supageti? Kuma yaya naman zai yi laushi ba a tafasa shi ba?

Maman Biyu: Wa alaikumus salam amarya. Indomie mana, minti goma kin sauke.

'Yar Damagaram: Supageti dai, siririyar. Indomie ba ta jure yawan juyi.

Anti Babba: Ƙanwata, tsaya ki ji abin da ya same ni kafin ki kunna wuta. Dangin maigidana ne suka zo mana yini bayan ƙaramar Sallah, na ce wannan girkin zan yi musu. Na dafa Indomie leda shida har ta nuna luguf, na bar ta a kwando tana jira. Nama rabin kilo na yanka shi gutsi-gutsi kamar na miya, na juye gaba ɗaya a kasko. Maimakon ya soyu sai ya saki ruwa, ya dinga tafasa a cikin ruwansa har ya ƙanƙance ya yi tauri. Na zuba kabeji da karas a kai, su ma suka saki nasu. Kafin in waiwayi taliya ta manne ta zama curi guda, ina juyawa tana gutsirewa. Ga soya sos (baƙin ruwan ɗanɗanon nan na waken soya), ga gishiri, ga magin cikin leda shida duk na zazzage. Surukata ta kai loma biyu ta nemi ruwa, ba ta ce uffan ba. Wallahi har yau in na tuna sai raina ya sosu.

Yanzu ga yadda nake yi. Ki ce wa mahauci ya ba ki tsoka zalla, irin wadda ake tsire da ita, marar jijiya. Ki duba yadda zaren naman ya kwanta, ki yanka a gicciye, fale-fale. A yankan laushin yake. Ki cakuɗa shi da soya sos cokali ɗaya, konfulawa ƙaramin cokali, tafarnuwa, ɗanyar citta da ɗan man gyaɗa, ya yi minti 15. Kasko ya yi zafi har ya fara hayaƙi, ki baza naman kaɗan-kaɗan, kada ya hau kan juna, minti ɗaya zuwa biyu ki kwashe. Sai karas, don ya fi tauri, sannan albasa da koren tattasai, kabeji a ƙarshe. Indomie ɗin kuwa minti biyu kawai a tafasasshen ruwa, ki tsame da sauran ƙarfinta, ki ɗauraye da ruwan sanyi, ki shafa mata mai. A kasko za ta ƙarasa. Ki mayar da naman, ki watsa lawashi, ki sauke.

Amaryar Bana: Allah Ya saka da alheri Anti. Gishiri fa?

Anti Babba: Kada ki sa sai kin ɗanɗana. Soya sos ɗin kansa gishiri ne.

Malama: In kin sa naman a firiza ya yi rabin awa, ya ɗan daskare, zai fi yankuwa siriri.

Maman Biyu: Firiza da wace wutar, Malama? Unguwarmu yau kwana uku.

Malama: To ki wasa wuƙarki, shi ke nan.

Inna Hajiya: Ku 'yan zamani da wahalar da kai. Ɗan ruwan kanwa ko ganyen gwanda a naɗe naman, ko na tsohon sa ne sai ya saduda.

'Yar Damagaram: Inna, ganyen gwanda na yarda. Kanwa kuwa tana baƙanta nama, kuma in ta yi yawa ɗanɗanon ya tafi.

Inna Hajiya: Hannunki ne ya yi nauyi, 'yata.

Uwar Ɗaki: Ni abin da zan ƙara, asalin Indomie ma daga Indunusiya ta fito, kuma soyayyiyar can mi goreng suke ce mata. Soya sos ɗinsu mai kauri ne mai zaƙi. Shi ya sa nake sa rabin ƙaramin cokali na sukari a nawa, kalar ma ta fi fitowa.

Maman Biyu: Sukari a abincin gishiri? A gidana sai a dawo min da kwanon.

Uwar Ɗaki: Ba zaƙi za ki ji ba, kaifin gishirin yake kashewa. Gwada sau ɗaya.

Maman Biyu: Attaruhu biyu sun ishe ni.

'Yar Damagaram: Wai ba wanda ya gwada da taliyar Hausa, 'yar murji? Ni na yi, amma sai an turara ta maimakon dafawa, in ba haka ba caɓewa take yi.

Inna Hajiya: 'Yar murji da manja da yaji aka san ta. A bar ta a inda take.

Malama: Masu gawayi ku godewa Allah, wutarku ta fi ta ƙaramin gas ƙarfi a wannan girkin. Sai dai a yanka komai a jera kusa da hannu tun kafin a ɗora kasko, don babu damar komawa yankan albasa.

Amaryar Bana: Na aika an sayo naman, amma shagon unguwarmu babu soya sos. Da me zan musanya?

Uwar Ɗaki: Ki jiƙa magin cikin leda ɗaya da ruwa cokali uku, ki zuba a gefen kasko. Ba zai zama iri ɗaya ba, amma zai ciyu.

Maman Biyu: Af, Malama, nawa kika cika gas ɗinki a satin nan?