Dabbar kogi mai cin lokaci: ta yaya zan kafa mata ƙa'ida?

'Yar Tudun Wada:
Assalamu alaikum marubuta. Ina rubuta labarin almara ne, duniyar ƙirƙirarriya ce amma kogin na ɗora shi a kan Gongola. A cikinsa akwai dabbar da ba ta cin nama, lokaci take ci. A babi na uku masunci ya fito daga ruwa da furfura, a babi na bakwai kuma wani ya fito ya tarar 'ya'yansa sun girma. Masu karatu sun ce abin bai haɗu ba. Ina matsalar take?

Mai Tawada:
Wa alaikumus salam ƙanwata. Dabba biyu kika haɗa a fata ɗaya. Ta babi na uku daga jikin mutum take ci, shi ya tsufa gari yana nan yadda yake. Ta babi na bakwai tsayar da mutum take yi gari ya wuce ya bar shi. Dole ki ɗauki ɗaya. Ni ta biyu zan zaɓa, domin ta farko za ta jawo miki gardamar ajali, kin san masu karatunmu, yanzu a ce kin ba dabba ikon rage kwanan mutum. Ta biyu kuwa kwanansa suna nan, rabonsa da mutanensa ne aka cinye.

Sai ki yanke farashi ki rubuta a bangon littafinki, kada ki sake taɓa shi. Misali minti 1 a kan ruwanta daidai da awa 1 a tudu. Fito na minti 15 ya zama awa 15, wanda ya shiga jirgi da hantsi zai sauka tsakar dare. Masuncin da barci ya kwashe awa 8 a kwale-kwale ya yi asarar kwana 20. Kwana 6 kusan shekara ke nan. Da wannan lissafin, kafin 'ya'ya su girma sai mutumin babi na bakwai ya yi wata biyu zuwa uku a kan ruwa, to me ya riƙe shi, me yake ci? In ba ki da amsa, rage asarar ta koma damina ɗaya.

Kuma ki kula da kayan cikin jirgi. Furar da ke jallonsa ba za ta yi tsami ba, tunda tana tare da shi. Tarwaɗar da ya bari a kwando a bakin gaɓa ita ce za ta ruɓe. Abin da zai gani da ido shi ne inuwar sandar tuƙi tana zagayawa kan ruwa da sauri, rana ta faɗi ta fito tun bai gama janye koma ba.

Ɗan Bakin Kogi:
Malam ya gama da lissafi, saura jikin dabbar. Kada ki je nesa, ɗauki gaiwa. Tana da huhu, tana leƙowa ta shaƙi iska, in ruwa ya janye ta shige laka ta naɗe kanta cikin yauƙi, ta bar ɗan rami na numfashi, ta yi watanni a haka har ruwa ya dawo. Gongola ma haka yake, da rani yashi ne da gurabu, Agusta zuwa Satumba ya cika ya batse. Ke nan dabbarki da rani barci take, a tsallaka lafiya. Ruwan farko take farkawa da yunwa, daidai lokacin shukar gero. Manomin da gonarsa ke ƙetare ya rasa kwana 20 a wannan lokacin ya rasa shekararsa, ba sai kin kashe kowa ba.

Tunda sai ta leƙo ta yi numfashi, nan ne lagonta. Ki ce duk sanda ta ɗago kai cin yana tsayawa ɗan lokaci, matuƙa suna jiran kumfa su ja da ƙarfi. Alamar makwancinta kuma ruwan wurin ba ya sanyi ko da hunturu, irin na maɓuɓɓugar ruwan ɗumi ta Wikki a Yankari da ke zaune kan digiri 31 dare da rana.

In akwai madatsa a labarin irin ta Dadin Kowa, ki sani ruwan tafki ba ya ƙafewa, dabbar ba za ta taɓa barci ba. Ko dai ki cire madatsar, ko ki mayar da ita tushen masifar.

Uwar Labari:
Ɗan Bakin Kogi, ban yarda da jiran kumfa kaɗai ba, ya yi sauƙi, kowa sai ya tsira. A sa numfashin ya zama ba shi da tsayayyen lokaci, Sarkin Ruwa ne kawai ya iya karanta shi, shi ma yakan kuskure.

'Yata, abin da aka fi mantawa shi ne mutanen tudu. Garin da ya daɗe da irin wannan dabba yana da tsari. Mai fito zai bar igiya wurin matarsa tana ƙulli ɗaya duk asuba, in ya dawo a ƙirga a gaya masa bashin kwanakinsa. Alƙali yana da hukuncin wanda wa'adin bashinsa ya cika yana kan ruwa. Kuɗin fito da damina ya ninka na rani. Kuma kada ki bari a iya dawo da lokacin da aka ci. Ranar da jaruminki ya farke cikinta kwanakin kowa suka dawo, tsoron da kika gina tun babi na ɗaya ya zube.

'Yar Tudun Wada:
Na gode ƙwarai. Zan cire furfurar babi na uku. Malam Mai Tawada, in jirage biyu suna kusa, ɗaya a kan ruwanta ɗaya a waje, za su ji muryar juna?

Mai Tawada:
Ba za su fahimci juna ba. Na waje zai ga na ciki kusan a sandare, ɗaga hannu ɗaya sai ya ci masa minti guda. Ki ba su tuta ko ƙyalle mai launi, fari lafiya, ja a jefo igiya.